Ranar da Ɗanasabe Ya Faɗa Rumbu

Daga Ƙarfi har Malumfashi, in ka ce Malam Abdussamad na gidan talabijin, sai a dube ka a ce ba a gane ba. Amma ka ce Ɗanasabe Faɗa-Rumbu, ko tsohuwar da ba ta da haƙori sai ta buɗe baki ta yi dariya. Mutumin nan ya yi shekaru yana yawo da kyamara a kafaɗa. Ya ɗauki masu gurzar auduga a Funtua, ya ɗauki makiyaya a mashaya, ya ɗauki jirgin ƙasa yana shigowa tasha da hayaƙinsa. Duk da haka abu guda mutanenmu suka riƙe masa: ranar gayyar ubansa, cikin daminar 1964, ya hau kan rumbu don ya ɗauki hoto, jinka ta burma da shi, ya shige ciki shi da kyamarar, ya wuni bai fito ba.

Ni ina da ikon tsokanarsa, don taubashina ne. Uwata ƙanwar ubansa ce, sunanta Marka, amma kowa Gwaggo yake ce mata, har ni da ta haifa. Tun da ubana ya rasu ta koma gidan wanta da zama, a can na girma.

Uban Ɗanasabe shi ne Sarkin Noman unguwarmu, Bamaguje ne na asali, wanda ya taɓa tara dami dubu a kaka guda aka yi biki aka naɗa shi. A tsakar gidansa akwai babban rumbun ƙasa mai ciki kamar tulu, baki a sama, an kifa masa jinka. Kowa ya san dawar da ke ciki ba ta ci ba ce, ta ajiya ce, ta shekarar da sama za ta ƙi. A kan wannan rumbu sunan tsohon yake zaune. In ya kira gayya, samari daga unguwanni suke tahowa da garmunansu, don sun san wanda ya yi wa Sarkin Noma aiki da damina ba zai kwana da yunwa ba in shekara ta ɓaci. Kuma gidan yana da doka tun kakanni, ba mai leƙa cikin babban rumbu sai mai gida. Ɗan da ya leƙa alhali ubansa na raye, to kwana yake ƙirga wa uban.

Ɗanasabe ne ɗan fari, shi ya kamata ya gaji garma. Sai motar majigi ta zo Ƙarfi yana saurayi. Kowa ya zauna yana kallon farin ƙyalle, shi kuwa ya juya baya yana kallon akwatin da hasken ke fitowa. Da motar za ta tashi ya ɗare bayanta. A Funtua ya musulunta aka sa masa Abdussamad, a Kaduna ya koyi aikin kyamara, da aka buɗe gidan talabijin aka ɗauke shi yana yin finafinan noma da kiwo da sana'o'i. Mu dai ba mu taɓa ganin talabijin ɗin ba, labarinsa muke ji. Abin da ke isowa gare mu shi ne in an ba masu majigi fim ɗinsa sun zagaya kasuwanni da shi.

Tsohon bai kore shi ba, bai zage shi ba. Magana kawai ya daina yi masa. In Ɗanasabe ya zo gaisuwa ya durƙusa, sai tsohon ya dubi ƙanwarsa ya ce, "Marka, tambayi baƙon nan ko ya sha ruwa." Ita kuma ta juya ta ce, "An ce ko ka sha ruwa," alhali gwiwar ɗan tana kusan taɓa ta uban. Shekara da shekaru haka ake yi, Gwaggo ta zama tafinta tsakanin Hausa da Hausa.

Ni yake yi wa bayanin sana'arsa, don ni kaɗai ke da haƙurin saurare. Kyamarar tasa ana murɗa mata hannu ne kamar garmaho, in an danna sai ta yi ta kuka kamar gyare har ƙarfin ya ƙare. Fim ɗin da ke cikinta kuwa ba ya shiri da rana, in aka buɗe murfi haske ya taɓa shi, duk abin da aka ɗauka ya ƙone ke nan.

"Taubashi," yakan ce mini, "kyamara ba ta ƙarya, amma tana jin magana. In kana son abu ya yi tsawo, durƙusa ka ɗauke shi daga ƙasa. In kana son ya yi yawa, hau sama."

Na ce, "To in kana son ubanka ya yi maka magana, ina za ka tsaya?"

Ya ce in rufe masa baki.

A wannan daminar shi da kansa ya roƙi manyansa su bar shi ya yi fim a kan gayya, ya ce ubansa Sarkin Noma ne, ba inda za a ga gayya irin tasa. Ina jin so yake tsohon ya ga kansa a farin ƙyalle ko zuciyarsa ta yi sanyi. Aka ba shi fim, aka haɗa shi da direba, wani Bazazzagi mai suna Rabe, wanda aka damƙa wa amanar mota da kaya. Da suka iso aka gaya wa tsohon, sai ya ce, "Marka, gaya wa baƙon nan gona ta kowa ce, ya kalla. Cikin gida kuwa ya san doka."

Gayyar ta bana ba irin ta kullum ba ce. Shekara biyu a jere tsohon ya shuka auduga a babbar gonarsa, abin da bai taɓa yi ba, ba wanda ya san dalili, tsutsa kuwa ta cinye ta duka biyun. Bana ya koma wa dawa, ta yi kyau har ta kai ƙirji, amma tana bukatar huɗa, aikin kuwa ya fi ƙarfin mutanen gidan. Ga kuma maƙwabcinmu Maikuɗi, ƙaƙƙarfan manomi da ya daɗe yana hangen sarautar, ya fara yawo da magana a wurin shan giya, wai rumbun da ba a buɗewa wa ya san abin da ke cikinsa. Duk da haka mutane suka zo, shi ma ya zo da garmarsa, ana gaisawa ana dariya.

Da hantsi makaɗa suka saki ganga, samari suka kama layi, tsohon na gaba duk da tsufansa. Ɗanasabe ya bi su da kyamara, ya durƙusa, ya miƙe, ya zagaya, yana tsaki. Ba abin da yake gani sai ganyen dawa da gadon bayan mutum biyu ko uku. Shi kuwa yawa yake so. Ya duba babu itace kusa, babu tudu. Gonar tana manne da dangar gida, abin da ya fi komai tsawo a wurin shi ne babban rumbu. Daga baya ya ce mini lissafi ya yi, wai an hana leƙawa ne, ba a hana tsayawa a kai ba. Irin lissafin mutumin da ya daɗe a Kaduna ke nan. Ya manta an kwana ana ruwa, jinkar ta sha ta ƙoshi.

Ina cikin layi na ɗaga kai na hango shi tsaye a ƙololuwar rumbu, farar riga tana kaɗawa, ido ɗaya manne da kyamara. Ya ja da baya taki guda don ya haɗa da makaɗa. Sai na ga babu shi.

Mata suka sa ihu. Aka watsar da garmuna aka yi cikin gida a guje.

Abin da ya tarar a ciki, sai bayan shekaru na ji shi daga bakinsa. Ya ce ya ɗauka zai faɗa kan dami ne ya tashi ya karkaɗe riga. Sai ya ji yana ta tafiya, har ƙafarsa ta daki daɓe ta gurɗe. Rana ta shigo ta ramin da ya huda ta haske wurin tas. Ba komai sai ƙaiƙayi da 'yan damuna uku ko huɗu jingine a gefe. Kyamarar kuwa tana kan cinyarsa tana ta kukanta, tana ɗaukar bango da daɓe, har ƙarfinta ya ƙare.

Rabe ne ya fara isa gindin rumbu, yana haki.

"Malam Abdussamad! Malam Abdussamad! Kyamarar ta fashe?"

Na ce, "Haba Malam Rabe, ka fara tambayar mutumin mana."

Ya ce, "Shi ai yana da dangi. Ita ni kaɗai gare ta."

Sai murya ta fito daga ciki da ƙarfi, "Kada kowa ya hau!"

Wurin ya yi tsit. Ba maganar ce ta sa mu shiru ba, amon ne. Muryar ta fito tana gurnani kamar mutum ya sa kai cikin tulun da babu ruwa. Duk wanda ya girma a gidan noma ya san cikakken rumbu ba ya amsa kuwwa. Na ga dattawa suna satar kallon juna. Maikuɗi ya karkata kai gefe guda kamar kaza ta ji shaho.

Ɗanasabe ma ya ji abin da muka ji. Da ya sake magana muryar ta fito a daƙushe, ashe rigarsa ya cusa a baki.

"Lafiyata lau. Ina kwance kan dawa, ƙafa ce ta gurɗe."

Maikuɗi ya matso yana murmushi. "Madalla, ɗan Sarki. Tun da kan dawa kake, ai kana kusa da baki. Miƙo hannu mu gani, mu jawo ka."

Ba hannun da ya fito.

"Ko hularka ce ɗago mana."

Hular ma ba ta fito ba. Ni kuwa a lokacin na fara gane abin da ake ciki. In Maikuɗi ya hau tsanin da ke jingine da rumbun ya leƙa, ko ya tabbatar ta wata hanya, kafin azahar babu garma ɗaya da za ta rage a gonar. Dawa ta tsaya ba huɗa, gida ya shiga shekara ta uku babu amfanin kirki, tsohon kuma ya zama abin nuni a kasuwar Dayi.

Maikuɗi ya nufi tsani. Kafin ya kai, Gwaggo ta riga shi. Ta zauna daram a kan matakin ƙasa, ta gyara zani, ta miƙe ƙafafu kamar mai shirin tsinkar ganye.

"Gwaggo, gusa mana. Rai ake magana."

"Ran wa? Kai ka haife shi?"

"Yaro na ciki da karyayyar ƙafa."

"Gurɗewa ya ce. Kunnenka ne ya karye. Rumbun uban wa za ka leƙa, Maikuɗi? Na gidanku an hana ka ne?"

Wasu suka yi dariya, amma ba da yawa ba. Rabe ya ce shi baƙo ne, dokar ba ta hau kansa ba, a bar shi ya ɗauko kayan gwamnati kawai. Gwaggo ta ce ya zo ya ɗaga ta in ya isa. Ya dube ta, ya dubi damtsenta na mai daka, ya koma baya. Ita ta daɗe da sanin komai, ba wanda ya gaya mata. Ta ce tun ran da ta lura ɓeraye sun ƙaurace wa gindin rumbun sun koma nata ɗan ƙarami ta gane.

Maikuɗi bai haƙura ba. Ya zagaya gefe a hankali, ya juya garmarsa ya riƙe ta wajen ƙarfe, ya ɗaga ƙotar zai ƙwanƙwasa cikin rumbun.

"Bari in ji ta wane gefe yake," in ji shi, "ko ma fasa masa ƙofa."

Bugu ɗaya ya isa. Ko yaro ya san bambancin amon. Gwaggo ta mintsine ni a cinya har yau ina jin wurin, ta ce a hankali, "Makaɗa." Na waiga, ga tsohon can yana shigowa daga gona, shi ne na ƙarshe, ba ya sauri, garma a kafaɗa. Na kwarma ihu, "Ku makaɗa, Sarkin Noma na tafe kuna tsaye kamar an dasa ku?" Suka saki ganga gaba ɗaya, maroƙi ya kama kirari. Na ga ƙotar Maikuɗi ta sauka a jikin rumbu sau biyu, amma ko shi bai ji abin da ta ce ba.

Tsohon ya iso ya ajiye garma. Bai dubi kowa ba. Gwaggo ta tashi ta ba shi hanya. Ya kama tsani ya fara hawa, tsanin na rawa, mu kuma muna ƙasa muna kallo. Da ya kai sama ya kwanta da ƙirji ya toshe ramin da jikinsa. Ganga na ta tashi, ba mu ji abin da suka faɗa ba. Ga yadda Ɗanasabe ya ba ni.

Ya ce haske ya ragu, ya ɗaga kai ya ga fuskar ubansa. Suka daɗe suna kallon juna. Babu Gwaggo a tsakani.

"Ka gani," in ji tsohon.

"Na gani, Baba."

"Abin hannunka fa?"

"Shi ma ya gani."

"Yana da baki?"

"A nan ba shi da shi. In an kai shi Kaduna an wanke, zai nuna wa kowa."

Ɗanasabe ya ce bai san lokacin da tambayar ta fita daga bakinsa ba. "Baba, me ya kai ka auduga? Kai da ka ce ba a tuwo da ita."

"Na je Dayi ran kasuwa, na tsaya har aka kafa ƙyalle. An ce kai ka yi. Na tsaya daga baya inda ba a gane ni. Na ga auduga fara tas, ta fi mutum tsawo. Na ce yaron nan bai iya garma ba, amma bai taɓa yi mini ƙarya ba."

Ɗanasabe ya san wannan audugar. Gonar gwaji ce ta malaman gona, wadda ake yi wa feshi da taki a kan kari. Kusurwar da ta fi kyau ya zaɓa, ya kwanta rub da ciki ya ɗauke ta daga ƙasa. A tsaye ba ta wuce ƙugu ba.

Ya ce wa tsohon ya ɗan gusa ya bar rana ta shigo. Ya sa kyamarar a tsakiyar hasken ya buɗe murfin, ya zaro fim ɗin yana warwarewa, da gayyar, da makaɗan, da tsohon a gaban layi yana huɗa kamar saurayi, wanda ya ce shi ne mafi kyan abin da ya taɓa ɗauka.

"Yanzu ya makance, Baba."

Tsohon ya kwance igiyar ƙugunsa ya zura, ya jawo kyamarar. Ya sauko da ita a buɗe, fim na reto kamar hanjin akuya. Rabe ya ɗora hannu a ka.

"Inna lillahi! Ya buɗe ta a rana! Malam Abdussamad, kanka ka buga?"

Tsohon ya miƙa masa kayansa, ya ɗaga hannu ganga ta tsaya.

"Yana kwance kan dawa," ya ce. "Ya hau abin da aka hana shi, nan zai wuni har rana ta faɗi. Hukuncinsa ke nan. Wanda ya zo kallo ya gama kallo. Wanda ya zo noma, gona na can."

Nan ne dariya ta ɓarke ta gaske, don kowa ya san halin tsohon, wannan hukunci irin nasa ne sak. Maikuɗi ya ce, "Sarkin Noma, a yi masa afuwa, a bar mu mu fito da shi."

"Maikuɗi, ran da ka tara dubu ka gina naka, ka yi ta leƙawa har wuyanka ya gaji."

Samari suka ɗauki garmuna. Maikuɗi ya tsaya yana duban rumbun, Gwaggo ta koma kan tsani ta zauna, ta sa aka kawo mata ƙwaryar wake tana ɓara. A nan ta wuni. Shi kuwa yana ciki da kumburarriyar ƙafa, riga a baki, ko tari ba ya yi. Kafin la'asar sakaliya an gama huɗa har ƙarshen gona, aka ci tuwo aka sha abin sha, kowa ya kama hanya yana maimaita labarin ɗan Kaduna.

Da rana ta kusa faɗuwa aka kira ni in ja igiya. Gwaggo ta ɗaure mini ido da ɗankwalinta, wai kada dokar ta hau kaina. Na hau na ja. Igiyar da na yi ta tattarowa ta yi tsawon da ba na cikakken rumbu ba, amma ba wanda ya tambaye ni, ni ma ban ce komai ba. Da muka sauko da shi ya zauna a ƙasa, leɓe duk ya bushe. Tsohon ya tsaya a kansa. Gwaggo ta gyara tsayuwa tana jiran a ba ta saƙo.

"Ɗanasabe," in ji tsohon, "ka sha ruwa?"

A Kaduna Ɗanasabe bai kare kansa ba. Ya ce ya faɗi ne ya ruɗe ya buɗe kyamara. Aka karɓe ta daga hannunsa, ya koma mai ɗaukar wa wasu kaya da naɗe waya, ya daɗe a haka kafin a sake yarda da shi. Da ya dawo aiki abokansa suka lura ya daina durƙusawa. A tsaye yake ɗaukar komai, daidai idon mutum, kuma in ya nuna gonar da ta yi kyau sai ya juya ya nuna ta gefenta da tsutsa ta ci. Wasu suka ce gwiwar ce ta ƙi lanƙwasuwa tun faɗuwar.

Dawar shekarar nan ta yi albarka. Da kaka tsohon ya hau tsani shi kaɗai, mu muna miƙa masa dami daga ƙasa, har sai da ya ce ya isa. Ya rasu bayan 'yan shekaru da sarautarsa a kansa. Sai bayan nan Gwaggo ta saki bakinta, labarin ya fita, amma ya zo a makare, sunan Faɗa-Rumbu ya riga ya zauna.

Kwanan baya Ɗanasabe ya zo gida, muna zaune a gindin rumbun da mutane, Maikuɗi ma na nan ya tsufa. Na ce, "Taubashi, yau dai ka faɗa wa jama'a gaskiya. Da bakinka ka ce kana kwance kan dawa. Ina dawar?"

Ya ɗaga kai ya dubi rumbun, ya shafa idon sawunsa.

"Cike yake maƙil," ya ce. "Ni ne dai na yi sammako na riga ta shiga."